Ranar da ɗalibaina suka naɗa wa funfuna rawani

Shekara shida ina koyar da bayoloji a wata sakandare a ƙasar Argungu, kuma duk zangon da muka iso darasin funfuna da naman kaza, wanda shi ma jinsin funfuna ne, sai ajin ya yi sanyi. In zana naman kaza a allo, in jera sunayen sassansa, su kwafa, su haddace saboda WAEC, bayan mako biyu komai ya bi ruwa.

Bara, wata Alhamis da zafi ya hana kowa sakat, na ce da 'yan aji biyar kowa ya rubuto mini tatsuniya: ka yi barci, ka tsinci kanka a wani zamani na duniyar mafarki inda funfuna ke da hankali da magana, su ne sarakuna, ɗan Adam talaka ne. Sharaɗi ɗaya na gindaya, duk abin da sarakunan za su yi ya dace da yadda halittar take rayuwa a zahiri. Gaskiya don in huta da surutu na ba da aikin.

Ranar Litinin takardu suka dawo da "gatanan gatananku" a kansu. Fiye da rabi sun naɗa wa naman kaza rawani, sun ba shi dogarai da 'yan algaita. Wannan bai dame ni ba. Abin da ya tsayar da ni shi ne sarkin nasu kore shar, yana fitowa shan hantsi don ya ƙoshi. Ashe duk shekarun nan yaran suna ɗaukar funfuna tsiro ce kamar gero. Jarrabawa ba ta taɓa tona mini wannan ba, domin sun iya rubuta amsar da na ba su harafi da harafi. Alhali funfuna ba ta haɗa abinci da hasken rana. Ruwa take zubawa a kan abin da ta hau, ta narkar da shi a waje, sannan ta tsotse, kuma masana sun ce ta fi kusanci da dabba a kan tsiro.

Wata yarinya mai zama a baya, wadda ban cika jin muryarta ba, ta rubuta sarkin da ba shi da fuska balle fada. Zare-zare ne farare a ƙarƙashin ƙasa, sun miƙe har fadamar Gulbin Kebbi, naman kazan da muke gani kuwa 'yan leƙen asirinsa ne da ke ɗago kai bayan an yi ruwa. Sarkin ba ya cewa "ni", sai "mu". Ta fi zanen da nake yi a allo gaskiya. A jihar Oregon ta Amurka akwai irin wannan guda ɗaya da ta mamaye fiye da hekta 900 na daji. Ita ba ta taɓa jin labarin ba, ruɓaɓɓen kututture ta taɓa juyawa a gidan kakarta.

Inda na sha kunya a takardar wani yaro ne. Ya ce gara su ne manoman sarki, suna tauno kara da ciyawa su kai masa cikin suri, shi kuma ya narkar musu su ci. Na sa jan biro na rubuta "ƙarya ta yi yawa", na zaftare masa maki. Bayan an tashi ya biyo ni.

"Malam, ai a kan surin gonarmu naman kaza ke fitowa da damina. In an fasa surin akwai wani abu kamar soso a ciki, da fararen ɗigo-ɗigo. Baba ya nuna mini."

Na ce ya je zan duba. Da dare na duba, na tarar da ita har da sunanta na kimiyya, Termitomyces, funfunar da gara ke nomawa a cikin suri a nan Afirka da Asiya. Kashegari na mayar masa da makinsa a gaban aji. Bai zo mini da sauƙi ba, malami ba ya son alli ya koma hannun ɗalibi.

Wani kuma ya rubuta yaƙi, rundunar funfuna ta shiga rumbu da dare ta ci gyada da masara. Daga nan na ba su labarin 1960, lokacin da talo-talo kusan 100,000 suka mutu a Ingila bayan sun ci abincin da aka haɗa da tunkuzar gyada daga Brazil. Binciken mutuwar ne ya gano gubar afulatoksin da wata funfuna ke fitarwa, mai lalata hanta, wadda dafuwa ba ta kashewa. Ajin ya yi tsit. Can wata ta ɗaga hannu ta ce, "Malam, to gyadar da Inna ke tsincewa ta watsa wa kaji fa?" Mun cinye sauran lokacin a kan shanya da ajiya da lema, abin da babu shi a tsarin darasina na ranar.

Bana ban fara da allo ba. Akwai tsohon suri a bayan katangar makaranta, can na kwashi ɗalibai da fartanya biyu bayan ruwan Yuli. Shugaban makaranta ya ce in maciji ya sari ɗan wani in san abin da zan gaya wa iyayensa, don haka maigadi ne ya shige gaba da sandarsa.