Bos ɗin da na je nema a Hong Kong

Sari ne ya kai ni Guangzhou, na gama ɗaure kayana saura kwana biyu jirgina ya tashi, na ce wallahi ba zan zo nan kusa in koma Kano ban leƙa garin Burus Li ba. Na hau jirgin ƙasa mai gudun nan na sauka tashar West Kowloon a Hong Kong, na ajiye jaka a wani ɗan masauki da ɗakinsa ko sallah sai ka karkace, na ci shinkafa wajen Indiyawa a Chungking Mansions inda 'yan Afirka ke taruwa, sai bakin ruwa.

Wajen sunansa Avenue of Stars, inda ake karrama taurarin finafinan Hong Kong, a unguwar Tsim Sha Tsui. Kowa na layin ɗaukar hoto da gunkin Burus Li, ana ta gyara tsayuwa ana kwaikwayonsa, har da wata tsohuwa da lema. Ni kuwa bos na zo nema. Mu da muka tashi a gidan kallo mun san ƙa'ida, akta ba ya mutuwa, bos kuwa ko sunansa ba a tambaya, ihu kawai muke in an tarfa shi. To tsohon nan na Enter the Dragon, na 1973, mai cire hannu ya ɗaura na ƙarfe mai farata, wanda suka ƙarke a ɗakin madubai, sunansa Shek Kin, kuma yana cikin taurarin da aka karrama a wajen.

Wani dattijo da ke shan iska ya ga ina ta karanta sunaye, da na ambaci wanda nake nema sai ya kwashe da dariya. Da guntun Turancinsa da nawa muka lallaɓa. Ashe mutumin da kwalliyar 'yan wasa ya fara, kafin ya zama mugun finafinan Wong Fei-hung tun daga 1949, shi da Kwan Tak-hing da ke fitowa a akta, fim bayan fim shekara da shekaru kullum shi ake lakaɗa wa duka a ƙarshe kuma gobe ya dawo da sabuwar mugunta, har sunansa ya zama abin da ake kiran mugun mutum da shi a yarensu. Kuma wai a zahiri mutum ne mai sanyin hali.

Abin da ya fi tsaya min, lokacin da ya kara da Burus Li shekararsa 60, kuma muryar da muka ji ba tasa ba ce, ba ya jin Turanci, wani ɗan wasa Keye Luke ne ya ɗora. Burus Li ya rasu a 1973 ɗin yana da 32. Bos ɗin da muka ga an kashe kuwa sai 2009 ya rasu, yana da 96.

Na so in tambayi dattijon labarin Bolo ma, ƙaton yaron bos a fim ɗin, sai ga ruwan sama, ya buɗe lemarsa ya yi gaba, ni kuma na ruga wajen jirgin fiton Star Ferry da wayata a cikin riga.