Abin da na koya a kan murjajjen dankali kafin in bar kicin

Tunda na ajiye aiki a ƙarshen watan jiya, abokan aiki suke tambayata dalili, kuma yawancinsu sun ɗauka maganar albashi ce. Wanda ya tsaya a sashen kayan rakiya na kicin ɗinmu ya san cewa asalin rigimar murjajjen dankalin Hausa ne, wanda muke sakawa a gefen gasasshen nama, kuma wanda babban kuku ya ɗora mini alhakinsa amma ya hana ni ikon yanke shawara a kansa.

Umarninsa shi ne a gasa dankalin da ɓawonsa a obin, a wuta kaɗan, na tsawon lokaci, sannan a murje a zuba gishiri. Matsalar ita ce dankalin Hausa yana ɗauke da wani sinadari mai suna amilas, wanda yake mayar da sitaci ya koma sukari idan zafi yana tsakanin digiri 60 zuwa 75 a ma'aunin Selshiyas, kuma gashi a hankali yana barin dankalin ya daɗe a cikin wannan zafin. Abin da yake fitowa daga obin ɗin kusan alewa ne. Duk gishirin da aka ƙara ba ya kashe zaƙin, sai dai ya zauna a kansa, har baƙo ya ɗanɗana cokali ɗaya ya ture. Faranti suna dawowa, nama ya ƙare tas, dankalin kuwa yana nan da alamar cokali mai yatsu a gefensa.

Na same shi shi kaɗai, cikin ladabi, na ce, "Oga, da za ka yarda mu jefa shi a tafasasshen ruwan gishiri, zafin zai wuce wancan matakin da sauri, zaƙin ba zai taru ba." Bai ko ɗago kai daga allon yankansa ba, ya ce ba a ɗauke ni aiki don in yi masa lacca ba. Da ƙorafin baƙi ya kai ofishin manaja, a gaban kowa Oga ya ce hannuna ne ba shi da gishiri. Na haɗiye, domin a kicin ƙarami ba ya musu da babba alhali oda tana jira.

Ranar da ya tafi hutu na yi yadda na sani. Na fere dankalin, na yanka shi daidai wa daida don ya nuna tare, na zuba a ruwan da ya riga ya tafasa. Da ya yi laushi na tsane shi, na mayar tukunya a kan wuta kaɗan har tururin ya fita, saboda dankalin Hausa, musamman mai jan ciki, yana riƙe ruwa, kuma idan ba a busar da shi ba sai ya kwanta a faranti. Na murje shi a rariya don zaren cikinsa ya tsaya a sama. Na soya bota har ta yi ja ta fara ƙamshi, na sa tafarnuwa a ciki, na juye, na barbaɗa masoro, a ƙarshe na ɗiga ruwan lemun tsami, wanda shi ne yake karya ragowar zaƙin fiye da kowane gishiri. A makon nan faranti sun riƙa dawowa a share. Da ya dawo sai ya tara yara ya koya musu wannan hanya a matsayin abin da ya gano a tafiyarsa, ina tsaye ina wanke rariyar.

Sauran darussan gajeru ne. Madara ko bota mai sanyi ba ta shiga dankali mai zafi, a ɗumama ta tukuna. Injin markaɗe yana iya sa shi danƙo. Wanda zai jira lokacin rabo a ajiye shi a rufe, zafinsa sama da digiri 60. Ga wanda ya gaje ni kuma, duk gyaran da ka kawo ka rubuta shi a littafin kicin da kwanan wata da sa hannunka kafin ka nuna wa kowa, domin a takardar abincin gidan har yau sunan Oga ne a ƙarƙashin wannan dankalin.