Ranar da na taka Ƙurɗuba da ƙafata

Asabar da dare, a masauki.

Tafin ƙafata har yanzu zugi yake yi, amma ba zan kwanta ba sai na rubuta abin da idona ya gani yau, tun yana da ɗuminsa.

Taron da ya kawo mu Sifaniya jiya aka rufe shi. Abokan tafiyata wasu sun nufi kantuna sayen tsaraba, wasu filin ƙwallo. Ni kuwa tun kafin in baro gida na ƙudurta cewa ko kwana ɗaya ya rage mini, a Kordoba zan yi shi. Ina ɗan shekara goma sha biyu a zauren Baba a Zariya, bayan mun sauke Ahalari da Ishmawi, aka buɗe mana Ƙurɗabi. Muka haddace baitocinsa na tsarki da salla, muna rerawa bayan magariba. A lokacin na ɗauka sunan littafi ne kawai. Sai da na girma na san cewa marubucin aka jingina ga garinsu, Ƙurɗuba ta Andalus, wadda Turawa ke kira Kordoba.

Na hau jirgin ƙasa mai gudu daga Madrid da sassafe, ko awa biyu ba mu cika ba muka iso. Tun shekaranjiya na biya kuɗin zagaye ta intanet, irin wanda ake bin jagora a ƙafa, an haɗa da tikitin shiga tsohon babban masallacin garin. Wurin haɗuwa ƙofar Almodobar ce, ɗaya daga ƙofofin tsohuwar ganuwa. Da na isa na tarar da rukuni uku ko huɗu, kowace jagora ta ɗaga laima mai launi daban don mutanenta su gane ta. Tamu dattijuwa ce, gajera, mai saurin tafiya, haifaffiyar garin. Ta ƙirga mu, mu goma sha huɗu, ta raba mana 'yar na'urar saƙalawa a kunne don mu ji muryarta ko da mun ja baya.

Ta fara da mutum-mutumin Seneka da ke bakin ƙofar, masanin Rumawa ɗan garin nan wanda ya koyar da sarki Nero. Daga nan muka gangara ta gindin ganuwa, muna bin wasu kwatamai na ruwa. Na ɗaga kai na karanta sunan titin a jikin bango: Kairuwan. Take na tuna da Risala, da mai ita ɗan Ƙairawan. A ƙarshen titin kuma ga Ibn Rushd a zaune, an sassaƙa shi da farin dutse, da rawani, da littafi a kan gwiwa.

Jagora ta ce an haife shi a nan a 1126, ya rasu a Marrakesh a 1198, likita ne, kuma shi ya yi wa littattafan Aristotil sharhin da jami'o'in Turai suka yi ɗaruruwan shekaru suna karantawa. Ta juya za mu wuce, sai na kasa yin shiru. Na ce mata a ƙasarmu da fiƙihu aka fi saninsa, ɗalibai har gobe suna karanta Bidayatul Mujtahid don su gane dalilin saɓanin malamai. Ta tsaya cak. Ta san ya yi alƙalanci a Sibiliya da nan Kordoba, ta san kakansa ma babban alƙali ne kuma limamin babban masallaci, amma ta ce ba ta taɓa haɗuwa da wanda aka karantar da shi littafin ba. Ta ciro ɗan littafin aljihu ta ce in rubuta mata sunan garinmu. Na rubuta Zariya. Hannuna har rawa yake yi, don na ji kamar saƙon Baba na isar.

Sai muka kutsa unguwar Yahudawa ta da. Lunguna ne matsattsu masu lanƙwasa, an shafe gidajen da farar ƙasa, an shimfiɗe ƙasan da tsakuwar rafi wadda ke cin tafin ƙafa. Wanda duk zai zo ya sa takalmi mai kauri. Daga waje gida ba ya nuna komai, sai ka leƙa ta ƙofar ƙarfe ka hango tsakar gida da rijiya da tukwanen furanni rataye a bango har sama. Da rani zafin garin nan yakan haura digiri 40, shi ya sa aka matse lungunan don inuwa, aka tara ruwa da ganye a ciki. Hukumar UNESCO ta sanya bikin waɗannan tsakar gidaje, wanda ake yi a watan Mayu, cikin al'adun duniya a 2012.

Wurin ibadar Yahudawa da aka gina a 1315 ɗaki ɗaya ne, bai fi zauren mai unguwa ba, da ɗan bene na mata a sama. An yi wa bangon ado da sassaƙen farar ƙasa irin na Musulmin Andalus, rubutun kuwa Ibrananci. Bayan korar Yahudawa a 1492 ya zama asibiti, daga baya ya zama wurin addu'ar ƙungiyar masu ɗinkin takalma. Kusa da shi ga mutum-mutumin Musa bin Maimun, malamin Yahudawa kuma likita, wanda ya rasu a Masar a 1204. Masu yawon buɗe ido sun shafi takalminsa na tagulla har ya koma kamar zinare. A nan jagorar ta ƙara girma a idona. Ba ta sayar mana da labarin cewa addinai uku sun zauna lafiya lau ba tare da ko tari ba. Ta ce an yi zamanin zaman lafiya da ilimi, an kuma yi na ƙunci. Iyalin Musa sun bar garin ne bayan Muwahhidun, masu mulki daga Maroko, sun karɓe shi a 1148 sun matsa wa waɗanda ba Musulmi ba, kuma wannan daular ce ta kori Ibn Rushd kansa zuwa Lusena a ƙarshen rayuwarsa. Ban ji daɗin ji ba, amma gaskiya ce, kuma da irin muryar da ta faɗi korar 1492 ta faɗe ta.

Lungun furanni da kowa ke ɗaukar hoto ba mu daɗe a ciki ba, cunkoso ya yi yawa. Na dai hango hasumiya a tsakanin bango biyu, muka juyo.

Wajen sha biyu saura muka shiga harabar masallacin, inda ake alwala a da. Yanzu itatuwan lemo ne jere, 'ya'yan duk kore shar, da 'yan magudanan ruwa a tsakaninsu. Hasumiyar da Abdurrahman na Uku ya gina wajen 951 tana nan, amma an lulluɓe ta a cikin hasumiyar ƙararrawa. Shi ne ya ayyana kansa halifa a 929. Kafin mu shiga jagora ta rage murya ta ce tun 1236, lokacin da sarki Fernando na Uku ya ci garin, ginin majami'a ne, kuma ba a yarda Musulmi su yi salla a ciki ba. Ni ta kalla da ta faɗi haka, cikin ladabi. Na gyaɗa kai. Na riga na sani, amma ji da kunne a bakin ƙofa daban ne.

Da na shiga sai da na ɗan tsaya idona ya saba da duhun. Sannan ginshiƙai suka fara bayyana, sahu bayan sahu, har inda ido ya gaza. Guda 856 ne suka rage. Abdurrahman na Ɗaya ne ya fara ginin wajen 785, kuma maginansa daga kangayen Rumawa da na Bisigot, waɗanda suka mulki ƙasar kafin Musulmi, suka kwaso ginshiƙan farko, shi ya sa ba su yi kama da juna ba, wani baƙi, wani ja-ja, wani mai zane. Da yake gajeru ne, sai suka ɗora baka a kan baka, biyu-biyu, don rufin ya yi sama, suna jera jan bulo da farin dutse. Duk wanda ya tashi yana ganin bakan gizo a rufin soraye da tsohon masallacin Juma'a na Zariya zai gane damuwar maginan nan: yadda za a ɗaga rufi mai nauyi a bar wa sahu fili.

A wannan tsohon ɓangaren na ja baya na cire na'urar daga kunnena. Yahaya bin Yahaya Allaisi, wanda ya rasu a 848, a garin nan ya zauna ya karantar, kuma riwayarsa ce Muwaɗɗar da ake karantawa a zaurukanmu. Sau nawa na ji Baba yana cewa Yahaya ya ba ni labari daga Malik? Ginshiƙan da ke gabana suna tsaye a zamaninsa. Na ɗora tafin hannuna a kan guda ɗaya, sanyi ƙalau, ya yi sulɓi daidai tsayin kafaɗa. Hawaye suka zo mini, na bar su.

Na tarar da 'yan rukuninmu a gaban mihirabi, aikin halifa Alhakam na Biyu wanda ya hau mulki a 961. An killace shi da ƙarfe, daga nesa ake kallo. Ɗan ɗaki ne, rufinsa kamar ƙwaryar kifin teku, an kewaye bakinsa da ƙananan gilasai masu ruwan zinare da shuɗi da kore, waɗanda gwanin da sarkin Rumawa na Ƙusɗanɗiniya ya aiko ya jera. Da ƙyar na tsinci kalmomin rubutun Kufi, har na kai ga sunan Almustansir Billahi, laƙabin halifan. Jagora ta nuna mana cewa mihirabin kudu yake kallo, alhali Makka tana gabas ne daga nan, ta ɗan karkata kudu. Ta kawo bayanan da masana ke yi, ciki har da bin tsarin titunan Rumawa da aka tarar.

A ɓangaren gabas, wanda Almansur, wazirin halifa, ya ƙara wajen 987, ta haska wani ginshiƙi da fitilar wayarta. Ga wani ɗan rubutu da aka kankara, ƙarami kamar tsawon yatsa. Alamar masassaƙi ce, yadda za a san aikin wane. Mun ji sunayen sarakuna duk safiya, sai ga hannun lebura. Wannan ya fi zinaren mihirabi tsaya mini a rai.

Sai tsakiyar ginin. Kana cikin duhun ginshiƙai kwatsam sai rufi ya tashi sama, haske ya zubo, ga majami'ar da aka fara ginawa a 1523 zamanin sarki Karlos na Biyar, da kujerun mawaƙa na katako da aka yi wa sassaƙa mai ban mamaki. Aiki ne na gwanaye, ba zan ƙi faɗa ba. Amma ƙirjina ya yi nauyi, don sahu aka yanke aka dasa ta. Jagora ta ce akwai masu ganin zamansa majami'a ne ya hana a rushe shi, don babban masallacin Sibiliya rushe shi aka yi, hasumiyarsa da harabarsa kaɗai suka tsira. Na auna maganar, na ga tana da ƙamshin gaskiya, nauyin dai bai sauka ba.

Muka ƙare a gadar Rumawa mai baka goma sha shida, a kan kogin Gwadalkibir, wato Alwadil Kabir. Muka mayar da na'urori, kowa ya kama gabansa. Jagora ta riƙe hannuna biyu ta ce za ta ƙara maganar littafin fiƙihun nan a zagayenta na gaba.

Agogon Sifaniya yana gaba da rana, azahar sai bayan ƙarfe biyu. Na samu wani ɗan masallaci a cikin lungu, mu biyar ne a sahu, na yi ƙasaru na haɗa da la'asar. Na ci salmoreho, wani kunun tumatir mai sanyi da ake niƙawa da burodi da man zaitun da tafarnuwa, bayan na roƙi a bar mini ƙwai a cire naman alade da suke barbaɗawa.

A jirgin dawowa na kira gida. Aka kai wa Baba waya.

"Baba, barka da yamma. Yau na wuni a Ƙurɗuba."

Ya yi shiru har na zaci layi ya yanke.

"Garin Malam Yahaya?"

"Shi, Baba. Na shiga masallacinsu."

"Ka yi raka'a biyu?"

"Ba a bari, Baba. Majami'a ce yanzu. Na dai taɓa ginshiƙi."

Na ji ya ja numfashi, ya yi wa malaman garin addu'a ɗaya bayan ɗaya da sunayensu, ina cewa amin a hankali don kada in dami na kusa da ni. Sannan ya ce in wanko hotunan a takarda, manya, don idonsa ba ya ganin na waya, kuma yana so ya nuna wa almajirai ranar da za a buɗe wa sababbi Ƙurɗabi.