Adakar da na buɗe a kashi na shida

Har yanzu idan na tuna kashi na shida na fim ɗinmu mai dogon zango sai raina ya ɓaci, don ni na rubuta labarin, ni kuma na ɓata shi da hannuna.

A kan adaka aka gina shi, irin ta ƙarfen nan ta tsofaffi. Wani attajiri ya rasu ya bar ta da kwaɗo, mukulli ya yi ɓatan dabo. Uwargida na son ta, amarya na son ta, babban ɗa ya baro Kaduna dominta. Kashi biyar ba wanda ya ga cikinta, kuma a nan fim ya yi armashi. Masu kallo a YouTube kowa da hasashensa: wannan ya ce gwal ne, waccan ta ce wasiyya ce mai ɗauke da sunan ɗan da aka ɓoye, wani ya rantse kayan asiri ne.

Sai tsoro ya kama ni kada su gaji. Darakta ya ce, "Malam, don Allah ka bar ta a rufe." Ban ji ba. Na sa aka fasa kwaɗon, aka zaro takardar gona.

Abin da ban lissafa ba, da zarar an san gona ce, rigima ta mutu. Kowa ya san matan tumuni za su raba tsakaninsu, namiji ya ɗauki rabon mata biyu, malami ɗaya ya gama a zama guda. Amaryar da ke sanɗa zuwa ɗakin mamaci da tsakar dare, me kuma za ta je nema? Kashi huɗun da suka rage soyayya marar tushe muka cusa musu, 'yan wasa ma sai tambayata suke me suke so a wannan fitowar.

Daga baya na ga Alfred Hitchcock, shahararren daraktan fina-finai ɗan Birtaniya, ya yi bayanin irin wannan abu tun 1939 a Jami'ar Columbia da ke Amurka, ya kira shi MacGuffin: abin da jarumai ke kashe kansu a kai, amma aikinsa kawai ya sa su motsi. Ashe adakata ke nan, na je na fasa.

Kai marubuci, kafin ka buɗe taka adakar, ka rubuta abin da kowane jarumi zai yi washegari. In ka rasa amsa, mayar da kwaɗo. A sabon labarina ambulan ce a liƙe, kuma ko a littafina ban rubuta abin da ke ciki ba.