Kwalbar da Babu Komai a Cikinta

A shekarata ta uku a karatun harhaɗa magunguna muka fara darasin ilimin guba, kuma da rawar kai na shige shi. Na sha karanta littattafan binciken kisa, irin waɗanda maigida zai kurɓi abin sha ya dafe maƙogwaro ya zube ƙasa, a babi na ƙarshe kuma wani mai kaifin basira ya nuna makashin da yatsa. Na zaci aikin da za a koya mana ke nan.

Ranar gwajinmu na farko aka ba kowa kwalba mai lamba, aka ce mu duba ko akwai gubar asenik a ciki. Tsohuwar hanya ce. A haɗa ruwan da tutiya da asid, iskar da ta tashi ta ratsa wata 'yar takarda da aka jiƙa da sinadari, in akwai asenik takardar ta yi tabo rawaya. Tawa ta yi tabo ɓaro-ɓaro. Na ɗauke ta na nufi teburin Malam ina washe baki. Ko kallonta bai yi ba, ya ce, "Ina kwalbar da ba ka sa komai a ciki ba?" Na yi tsuru-tsuru. Ƙa'ida ce a jera gwaji na biyu da zallar ruwa, da kayan haɗi iri ɗaya, ni kuwa na tsallake shi don ina ganin ɓata lokaci ne. Ya sa na koma na yi. Ita ma takardar ta yi rawaya. Ashe tutiyar da na ɗebo daga wani tsohon gwangwani ne, ba wadda aka tace aka ware don wannan aiki ba, ita ce ke ɗauke da ɗan asenik. Kwalbar da aka ba ni ruwa ne tsantsa. Malam ya miƙo mini takarduna biyu ya ce, "Da a kotu muke, yau ka rataye mutum."

Maganar ta tsaya mini a rai, ta sa na koma tarihin gwajin. Ɗaruruwan shekaru asenik na cin karensa babu babbaka a Turai. Farin gari ne, ba wari, kusan ba ɗanɗano, ana sayar da shi don kashe ɓera, kuma wanda ya sha amai da gudawa yake yi kamar mai kwalara. Faransawa har laƙabi suka yi masa, garin gado, saboda yawan magadan da suka gaji da jira. A farkon shekarun 1830 aka gurfanar da wani matashi, John Bodle, a Ingila, bisa zargin zuba wa kakansa shi a gahawa. Aka kira James Marsh, masanin sinadarai a ma'ajiyar makamai ta Woolwich. Ya yi gwajin zamanin, ya sami gurɓin nan rawaya mai nuna asenik, amma kafin a kai shi gaban masu taya alƙali hukunci ya lalace. Aka sallami Bodle, wanda daga baya ya amsa laifinsa. Haushin haka ya sa Marsh ya duƙufa, a 1836 ya fito da sabuwar hanya: a mayar da asenik iska, a ƙona ta a jikin tangaran mai sanyi, ta bar baƙin tabo mai ƙyalli kamar madubi wanda za a iya ajiyewa a nuna wa kowa.

Abin da ya fi ɗaukar hankalina shi ne gwajin bai kashe gardama ba. A 1840 aka yi shari'ar Marie Lafarge a garin Tulle na Faransa, kan mutuwar mijinta Charles. Likitocin farko suka ce akwai asenik a cikinsa. Masanan da suka biyo baya suka yi gwajin Marsh suka ce babu. Sai da aka ɗauko Mathieu Orfila daga Paris, mutumin da ya wallafa babban littafi kan guba tun 1814, ya sake gwadawa ya ce akwai, aka yi mata ɗaurin rai da rai. Gawa ɗaya, hannu daban-daban, amsa daban-daban. Ga shi tutiya kan zo da nata asenik ɗin, wani sinadari kuma mai suna antimoni na yin tabo mai kama da nasa, sai an ɗiga wani ruwan bilic an ga wanda ya narke. Har yau akwai masu tantamar hukuncin matar nan. Ni da takardata rawaya ba ni da bakin yi wa kowa dariya a cikinsu.

Littattafan da nake so ma sai na fara yi musu wani karatu. Akasarinsu ƙarya suke shararawa game da saurin mutuwa, don asenik kan ɗauki awanni ko kwanaki yana wahalar da mutum. Agatha Christie ce ta fita daban, kuma da dalili: ta yi aikin ba da magani a wani asibiti a Torquay lokacin Yaƙin Duniya na Ɗaya. A littafinta The Pale Horse na 1961 ta bayyana yadda gubar taliyum ke kama mutum, har da zubewar gashi. A shekarun 1970 aka kawo wata yarinya 'yar wata 19 daga Katar zuwa wani asibiti a Landan, likitoci suka rasa gane ciwonta. Wata nas da ke karanta littafin ta ce alamun sun yi kama. Aka gwada, taliyum ne, yarinyar ta rayu. Kayan gwajin suna nan tun farko. Ba wanda ya yi tunanin neman taliyum ne kawai, shi kuwa gwaji abin da ka tambaye shi yake amsa maka.

Labarin da Malam ya fi yawan maimaitawa kuwa ko makashi babu a cikinsa. A 1858, a garin Bradford na Ingila, wani mai yin alewa ya aika a sayo masa wani farin gari mai araha da ake cakuɗawa da sukari don ya yi auki. Mai kantin magani na kwance ba lafiya, yaron kanti ya shiga ɗakin ajiya ya ɗebo daga wata ganga daban. Asenik ne. Sama da mutum 200 suka kwanta, kimanin 20 suka mutu, da yawansu yara. Tun 1851 akwai dokar da ta ce a riƙa rina asenik da kunkunniya ko shuni, a kuma rubuta sunan mai saye, amma ba ta hana farin gari zama a ganga kusa da wani farin garin ba. Wannan annoba na cikin abubuwan da suka kai ga dokar sayar da magunguna ta 1868.

Yanzu ni ke duba aikin ɗaliban da ake turo mana sanin makamar aiki. Makon jiya wata ta kawo mini sakamako da murnarta, lambobi tsaf-tsaf, rubutu kamar na inji. Na tambaye ta kwalbar zallar ruwa. Ta ce, "Yallaɓai, ai babu komai a cikinta." Na ce ta je ta haɗa, ina nan zaune.