Daren da Bingo ta kwana ita kaɗai

Asabar. Wani kashi na shirin katun na Bluey, mai suna "Sleepytime", shi ya cinye min yammacin yau, alhali tsawonsa bai wuce minti 7 ba. Shirin na Ostiraliya ne, Joe Brumm ya ƙirƙiro shi, an fara nuna shi a 2018. Labarin wani gidan karnuka ne a birnin Birisben: uba Bandit, uwa Chilli, da 'ya'yansu mata biyu, Bluey da ƙanwarta Bingo. Wannan kashin a 2020 ya fito.

Labarin bai taka kara ya karya ba. Bingo ce ta ce ita fa ta girma, yau a gadonta za ta wayi gari. Barci na ɗaukarta sai ga ta a sararin samaniya, ta ƙyanƙyashe daga cikin duniya kamar ɗan tsako daga ƙwai, tana shawagi da zomonta na wasa, Floppy.

Gwanintar tana wajen yadda aka ɗinke mafarkin da abin da ke faruwa a gidan. A mafarki, Bingo da Bluey suna tsalle-tsalle a kan duniyar Jufita. A zahiri kuwa sun haye gadon iyayensu cikin magagi, baban ne ke shan shuri. Nan 'yar yayana, wadda muke kallon tare, ta yi dariya har da faɗuwa. Da aka janye wa Bingo bargo, sai sanyi ya kama ta a can sama. Ba wanda ya tsaya yi wa yaro bayani, an bar shi ya haɗa da kansa, kuma yarinyar nan ta haɗa tun kafin in buɗe baki. Wannan girmama hankalin yara shi ya fi burge ni, don katun da yawa ihu da guje-guje kawai suke sayarwa.

Inda ya taɓa ni shi ne lokacin da Floppy ya bi 'yan'uwansa zomaye zuwa zoben duniyar Satun. Bingo ta sake shi, sannan ta fashe da kuka cikin barci. Uwar ta zo ta rungume ta, a mafarkin kuma ta zama rana mai ɗumi. Kiɗan da ke tashi a wurin daga "Jupiter" ne na Gustav Holst, mai tsara kiɗa ɗan Ingila, wanda Joff Bush ya sake tsarawa don shirin. Wallahi sai da idona ya kawo ruwa. Ba banza ba jaridar New York Times ta sa shi cikin jerin kashin shirye-shiryen talabijin da suka yi fice a 2020.

Ƙorafina ɗaya: barkwancin ya taru a rabin farko, don haka yaron da ya zo neman dariya zalla zai iya gundura kafin ƙarshe.

Da aka gama, sai 'yar yayan nawa ta juyo ta ce, "Gwaggo, da gaske zomaye ne a zoben nan?" Na ce mata a'a, yawancinsa gutsattsarin ƙanƙara ne da ɗan ƙura da duwatsu. Ta ce sai na nuna mata hoto, muka shiga intanet neman waɗanda kumbon Cassini ya ɗauko.