Daren walimar da bireka ta sa ni lissafi

Ranar walimar auren ƙanwata na aro manyan fitilun halojin guda uku, irin masu zafin nan da ƙwari ke mutuwa a jikin gilashinsu, na rataya a tsakar gida. Da na rasa soket a kusa, sai na jona su a wayar ƙwan zaure. Haske ya cika gida kamar rana, har ana yaba mini.

Ba a yi minti goma ba sai ɗif, duhu. Na ɗaga bireka, makunnin nan da ke yanke wuta da kansa idan kaya sun yi wa layi yawa, wuta ta dawo, can kuma ta sake faɗuwa. A karo na uku mata sun fara haska tukwane da wayar hannu, ni kuwa na riga na yanke cewa birekar ce ta lalace. Na kira mai wayarin ɗin unguwarmu na ce ya zo da babba.

Da ya zo bai ko buɗe jakarsa ba. Ya haska jikin birekar da tocila ya ce, "Alhaji, karanta nan." An rubuta C6. Wato amfiya 6 ce iyakarta, amfiya kuwa ma'aunin yawan wutar da ke bi ta waya ce. Wutar gida a Najeriya bolt 230 ce, idan ka ninka da 6 ka sami wat 1,380. Abin da layin zai ɗauka ke nan, shi kuma ya ce ba ya son ya wuce kashi 80 cikin ɗari, wajen wat 1,100.

Muka ƙirga a bayan katin gayyata. Tsofaffin ƙwai takwas masu wat 60, 480 ke nan. Fankar sama uku, kowace kusan wat 75, sun ba da 225. Su na manta da su sam, don ban taɓa kawowa layi ɗaya suke da ƙwai ba. Sai fitiluna na aro, kowace wat 500. Jimla 2,205, kusan amfiya 10 a layin da aka yi wa 6. Shi ya sa ba ta faɗuwa nan take, sai ta ɗau zafi tukuna.

Na ce to ai shi ke nan, a sa mai amfiya 20. Ya girgiza kai. Wayar layin ƙwai siririya ce, mai lambar kauri 1.5, kuma ita birekar take gadi. Idan aka sa mai 20, wayar za ta iya gasuwa cikin silin bireka na tsaye abinta, ba wanda zai sani sai an ji ƙaurin roba. Da na taɓa inda na yi jonin da salatif, har ya yi laushi.

Ya tura yaronsa shago ya kawo fitilun LED uku masu wat 50. Lissafi ya sauko 855, hasken kuma ya ishi masu rabon abinci. Tsofaffin ƙwan nan takwas ma daga baya na canza su da masu wat 9, duka takwas ɗin wat 72, ba su kai fanka ɗaya ba. Katin gayyatar na manne shi a murfin akwatin bireka, lissafin na kallon waje.